Likkafanin Goggo Rakiya

Duk wanda ya ce muku fari ɗaya ne, to bai zauna da Goggo Rakiya ba. Yayar mahaifinmu ce, ita ta goya ni bayan rasuwar mahaifiyata a rugarmu ta wajen Buji. Mace ce da za ta tsaya gaban garken shanu ɗari, dukkansu farare, ta nuna maka tata tun daga nesa. In ka tambaye ta yadda aka yi ta gane, sai ta dube ka sama da ƙasa, ta ce farin madara daban, farin kindirmo daban, farin auduga daban, masu ido ne dai suka yi ƙaranci.

Da aka yanke Jigawa daga Kano, yayana Bubayero ya samu aikin gwamnati a Dutse. Ya kama gida a Yalwawa, ya kwaso mu, ni da Goggo, muka zauna tare da shi da matarsa Asma'u. Ni kuma aka ɗauke ni buga tafireta a wata ma'aikata. Goggo ba ta zo da komai ba sai tabarma, buta, ƙwarya biyu da wata tsohuwar adaka mai kwaɗo.

Abin da ke cikin adakar nan kowa a gidan ya sani: likkafaninta ne. Shekarar da ta sayar da saniyar da ta fi so ta je Makka, can ta sayi farin alawayyo yadi goma sha biyu, ta tsoma shi a ruwan Zamzam da hannunta, ta shanya shi a can har ya bushe. Ba a yanka ba, ba a ɗinka ba. Sau ɗaya a shekara, in damina ta wuce, takan fito da shi ya sha iska, ta zuba sabon kanumfari saboda ƙwari, ta mayar da shi a irin nata ninkin: gida uku a tsaye, sannan kusurwa kan kusurwa. Tun dawowarta daga Makka ba ta sake yafa wani mayafi ba sai fari. Mabuɗin adakar kuwa a wajena yake, don ita kullum sai ta manta inda ta cusa shi.

Ranar da ta ba ni mabuɗin ta ce, "Lubabatu, ranar da na tafi ke za ki fito da shi. Kada ki bari a sayo mini na kasuwa."

Na ce to. Wallahi har cikin zuciyata na faɗa.

A shekarun nan duk wanda Allah ya hore wa kyamara ya zama darakta. Namu shi ne Ɗan'inna, mai ɗaukar hoton biki da suna, mutum mai dogon wuya da dogon buri. Ya haɗa ƙungiyar wasan kwaikwayo, ana taruwa duk Asabar a wani aji na firamare. Ni da shegen son a sani, na shiga. A gida nakan ce aiki ne ya yi yawa a ofis, don da Yaya Bubayero ya ji, da ƙafata ya karya. A wajensa 'yar wasa da 'yar iska ɗaki ɗaya suke kwana.

A shekarar casa'in da bakwai Ɗan'inna ya rubuta wasa kan wata mata da dangi suka kashe don su cinye gonarta, ta dawo tana binsu ɗaya bayan ɗaya. Lokacin talabijin ta riga ta koya wa kowa karatunta. In ka ga ja, boka ne. In ka ga mutum cikin fari tun daga kai har ƙafa, fuska a shafe da hoda, yana tafiya kamar mai tsoron taka ƙwai, ba sai an yi maka bayani ba, fatalwa ce. Yaron da bai iya wanke hancinsa ba ma ya san wannan. 'Yan matan ƙungiyar duk suka ƙi karɓar matsayin, don kowace so take a ga fuskarta. Ni kuwa faɗuwa ta zo daidai da zama: za a rufe ni ruf, ba mai gane ni, sunana ma na ce kada a rubuta.

Matsalar ta zo wajen mayafi. Aka kawo zanen gado, ya sha wanki da bula har ya gaji, a kyamara ya fito dusu-dusu. Aka kawo wani, ashe da furanni a gefe. Ɗan'inna ya dafa kai yana ta mita, wai wannan ai ba fatalwa ba ce, mai tallan koko ce, shi fari yake so tas, wanda in ya fito a akwati sai mutum ya kasa haɗiye yawu. Sai bakin nan nawa da ba shi da linzami ya ce ai na san inda za a samu. Na ce wa raina yini ɗaya ne kawai, kuma yadi ba ya magana.

Asabar ɗin da Goggo da Asma'u suka tafi suna a Garki, na buɗe adaka. Hannuna bai ko yi rawa ba, wannan shi ne abin da har yau yake ba ni haushin kaina.

Da rana tsaka muka ɗauka, don ba mu da fitilu. Muka shiga cikin duwatsun bayan gari, ƙarƙashin wasu dabinai, samari suka tona ɗan rami iya gwiwa. Aka shafe ni da hoda har cikin kunne, aka naɗe ni, na kwanta, aka watsa mini ƙasa sama-sama. Ana ta dariya a waje. Ni kuwa da na ji ni shiru a ciki, ƙamshin kanumfari ya cika mini hanci, sai wani sanyi ya kama ni tun daga tafin ƙafa, alhali rana tana dukan dutse. Ban taɓa jin tsoro irin na ranar ba. Amma da Ɗan'inna ya ce in tashi, na tashi a hankali yadda ya koya mini, na bi tsakanin duwatsu ina jan yadin a baya. Sau huɗu aka sake. Da yamma na kakkaɓe shi iya ƙarfina, na ninke yadda na iya tunawa, na mayar kafin su dawo.

Gidan talabijin suka karɓi kaset ɗin. Bayan wata biyu, wata Lahadi bayan la'asar, aka saka. Talabijin ɗin Yaya mara kala ce, yakan fito da ita tsakar gida ya ɗora a tebur, yaran unguwa su cika gidan har zaure. Goggo ba ta kallo. Takan zauna a ƙofar ɗakinta da carbi, ta ba akwatin rabin baya, wai ita ba ta ga amfanin kallon mutanen da ba za su amsa sallama ba.

A akwati mara kala fari ba ya ɓuya. Da ƙasa ta motsa, abin ya miƙe, duk hoton ya yi duhu sai shi kaɗai yana haske. Yara suka kwashi ihu, wasu suka yi waje har da tuntuɓe. Ihun ne ya sa Goggo ta waiga. Kuma a daidai nan ne Ɗan'inna, Allah ya shirye shi, ya matso da kyamara, har kana ganin layin ninki a jikin yadin, uku a tsaye, sauran a karkace, shekara goma sha huɗu suna kwance wuri ɗaya.

Yaya Bubayero yana ta ƙyaƙyata dariya, yana cewa ko 'yar gidan uban wa ce wannan da ta rasa sana'a sai kwaikwayon gawa. Na yi dariyar yaƙe tare da kowa. Na saci kallon Goggo, na ga carbin ya tsaya a hannunta. Ba ta ɗauke ido daga akwatin ba har aka gama.

Washegari, bayan Yaya ya fita, Asma'u ta shiga maƙwabta, ta kira ni ta miƙo hannu. Na sa mata mabuɗi. Ta buɗe, ta warware yadin a kan tabarma yadi bayan yadi, ta kai hanci, ta shafa. Ga gurbin hoda inda fuskata ta zauna. Ga jar ƙasa a gefe. Ga shatin gumi. Fulako bai bar ta ta ɗaga murya ba, kuma da ta zage ni da ya fi mini sauƙi sau dubu.

Can ta ce, "Kin ji daɗin kwanciya a ciki?"

Na zube a gabanta ina kuka, ina rantsuwa, ina faɗin duk shirmen da mai laifi ke faɗa. Ta bar ni har na gaji. Sannan ta dafa kaina, ta ce ta yafe mini duniya da lahira, ƙuruciya ce.

"Amma ba za a sa ni a cikinsa ba," in ji ta. "Yadin da ya koyi tashi daga rami, ba na so. Ki yi mini alkawari."

Na yi mata alkawari na biyu a kan yadi ɗaya.

Kada ku zaci zama na yi. Na je wajen wani malami a Garu, na lulluɓe maganar, na ce wata ƙawata ce. Ya ce yadi yadi ne, a wanke shi, shi ke nan, mamaci aikinsa ne zai bi shi ba alawayyo ba. Na dawo da murna na gaya wa Goggo. Ta ce malam ya yi gaskiya, amma in an wanke, Zamzam ɗin ya bi ruwan sabulu, in ba a wanke ba, ga hoda ga gumi, wanne zan zaɓa mata? Na roƙo Zamzam cikin ƙaramar jarka wajen wata Hajiya a ofishinmu. Ta karɓa ta sha, ta shafa a ido, ta yi wa matar addu'a, ta ce amma ita can ta tsoma nata, a bakin rijiyar, ba a kwano a Yalwawa ba. Na ce to a ƙona shi mana, ko a binne. Ta ce abin da ya taɓa Zamzam ba a wulaƙanta shi, kuma in Bubayero ya tambayi inda ya shiga, me za ta ce? Taurin kan Goggo ko jaki ya sallama mata. Wani lokaci har haushinta nake ji, Allah ya yafe mini, kamar ba ni na jawo ba.

Wasan kuwa ya karɓu fiye da yadda muka yi zato. Aka yi ta maimaita shi, aka buga shi a kaset, ya shiga ƙauyuka. Yaran Yalwawa suka samu sabon wasa: ɗaya ya yafa farin buhu, sauran su watse. Wata rana Goggo tana dawowa daga gaisuwar mutuwa cikin farin mayafinta, tana tafiyarta ta tsufa a hankali, sai suka biyo ta a baya suna tafi suna kiran fatalwa. Matar da in ta wuce a Buji ake cewa a ba Hajiya hanya! Ta shigo gida ta cire mayafin, ta ninke, ba ta sake yafa shi ba. Ta koma yafa wani shuɗin zane na Asma'u. Da Yaya ya tambaya, ta ce fari yana saurin datti.

Daga nan ta ja adakar daga gefen shimfiɗarta ta kai bayan ƙofa. Bayan kwana biyu na ga ta ɗora dutsen niƙa a kai. Sau ɗaya dai, muna tsince shinkafa, ta ba ni labarin mafarkin da yake yawan zo mata. Wai sai ta gan ta cikin yadin, da rana kata, tana yawo a titin sakatariya, ta gaji tiɓis, tana neman kabarinta ta kwanta ta rasa inda yake, duk wanda ta tambaya sai ya yi dariya ya ce a sake ɗauka. Ta faɗa tana murmushi, kamar labarin wata. Ni ce na kasa ƙarasa shinkafar.

Shari'a ta zo. Ƙungiyarmu ta watse, Ɗan'inna ya koma hoton biki, ya tara gemu. Na sa hijabi kamar kowa, na auri Malam Musaddiq, malamin Islamiyya, mutumin kirki wanda ba ya cin abinci sai ya tambayi ko na ci. Sai dai in ya hau wa'azi a kan 'yan wasa, ba ya raga musu ko kaɗan. Bai san komai ba, kuma na ƙudurta ba zai sani ba. Abin dariya, wasanmu bai mutu ba, don an ce yana da wa'azi a kan cin gadon marayu, saboda haka lokaci-lokaci sai a sake sako shi. Nakan zauna kusa da mijina in kalli kaina ina fitowa daga rami, shi kuma yana girgiza kai yana neman tsari.

Goggo kuma tana ta tsufa. 'Yan Islamiyya mata suka koma farin hijabi har ƙasa, kullum da la'asar sai su wuce ta ƙofar gida a jere. Da ta hango su sai ta ɗauke tabarmarta ta shige ciki.

Na ga dai hanya ɗaya ce ta rage. Na sayar da shanun da na gada wajen mahaifinmu, yadda ita ma ta yi, na ce wa Malam ina son sauke farali. Ya yi murna, shi ma ya yi nasa ƙoƙarin, muka samu kujera tare a shekarar dubu biyu da uku. Da na je sallama na rufe ƙofa, na gaya wa Goggo zan kawo mata sabo, zan tsoma a can da hannuna, hannun da ya ɓata shi zai gyara. Na daɗe ban ga haƙoranta a waje irin na ranar ba. Ta ce in zaɓi mai kauri, kada in yarda da farin da ke ɗaukar ido, yaudara ce.

Na ce to in ta Allah ta kasance kafin in dawo fa? Ko in tafi da tsohon in ɓoye a gidana, ko kuma in daure in gaya wa Yaya gaskiya, don a sani. Ta ce ko ɗaya. In adaka ta zama wayam za a yi tambaya, in na yi magana kuma maganar ba za ta tsaya a kunnen Bubayero ba, sai ta isa gidan mijina. Ta ce wata ɗaya ne, lafiyarta ƙalau, za ta jira ni. Ba zan ɓoye muku ba, da ta hana ni faɗa, wani sanyi na ji a raina. Matsoraciya ce ni, kuma ta sani.

A Makka na shiga shago ya fi goma kafin in samu mai kaurin. Na tsoma shi har ya sha ya ƙoshi, na shanya, na tsaya a kansa kamar mai gadin shanya kada wani ya taka. Na ninke shi gida uku a tsaye, kusurwa kan kusurwa. A jirgi ban yarda an sa shi cikin manyan kaya ba, a cinyata ya zo har Kano.

Daga tasha kai tsaye gidan Yaya na ce a kai mu. Aka tarbe mu da guɗa, ana ta Hajiya an sha hanya. Na tambayi Goggo, Asma'u ta ce in zauna dai in sha fura tukuna. Na sake tambaya, aka ce ai sai an ci abinci. Na san halin mutanenmu: ba a aika wa alhaji labarin mutuwa, ba a kuma tarbarsa da shi a bakin ƙofa. Na dubi ɗakinta, na ga labulen a ɗage, an share, babu tabarma. Na ajiye furar.

Yaya Bubayero ya zo ya zauna, Malam yana gefena. Ya ce sai haƙuri, kwana biyu bayan Arfa ne, zazzaɓi na kwana uku, ba ta sha wahala ba. Kowa ya jira in fashe da kuka. Ni kuwa abin da ya fito daga bakina shi ne, "Da me kuka rufe ta?"

Yaya ya ce in kwantar da hankalina, ba su yi mata na kasuwa ba. Da ba su ga mabuɗi ba, kwaɗon suka fasa. Asma'u ta karɓe zancen, tana share hawaye. Ta ce ai ba su yi gaban kansu ba, sai da suka tambaye ta. Ranar ƙarshe, hankalinta garau, ɗakin cike da 'yan dubiya, har da surukata, mahaifiyar Malam. Ita Asma'u ta sunkuya ta ce Goggo, likkafaninki na Makka yana nan cikin adaka ko? Wai Goggo ta daɗe tana kallon mutanen ɗakin ɗaya bayan ɗaya, ta tsaya a kan surukata, sannan ta ce yana nan, shi za a sa mata.

"Sai dai ta ba ni tausayi," in ji Asma'u. "Ta riƙe hannuna. Ta ce in gaya wa masu haƙa su zurfafa ramin, in sun mayar da ƙasa su danne sosai. Sau uku tana maimaitawa."

Yaya ya ce sun yi mata yadda ta ce, shi da kansa ya tsaya a kai. Malam ya ce Allahu akbar, dubi mace mai tanadin lahira, samun irinsu sai an tona. Jakar da sabon yadin yake ciki tana kan cinyata, na riƙe ta da hannu biyu. Duk suka juyo suna jiran abin da zan ce.

Na ce Allah ya saka musu da alheri.